Lucille Ball: Daga 'Yar Kwantiragi Zuwa Mai Kamfani

A daren 15 ga Oktoba 1951, lokacin da gidan talabijin na CBS ya fara nuna shirin I Love Lucy, shekarar Lucille Ball 40 a duniya. A lissafin Hollywood na wancan zamani, macen da ta kai wannan shekara ba ta zama babbar tauraruwa ba ta gama yawo, sai dai a riƙa ba ta matsayin uwa ko gwaggo. Ta shafe shekara 18 tana fitowa a fina-finai, ta yi sama da 50, kowa ya san fuskarta, amma ba wanda zai sayi tikiti don ita kaɗai. Shekara 11 bayan wannan dare, ita ce shugabar ɗaya daga cikin manyan kamfanonin shirye-shiryen talabijin na Amurka. Masu ba da labarinta sun fi son su tsaya a kan iya ba da dariya. Iyawar tana nan, ba musu. Sai dai abin da ya raba ta da sauran 'yan wasan barkwanci na zamaninta yana cikin takardun kwantiragi da kuma irin abin da aka ɗauki shirin a kansa.

An haife ta ranar 6 ga Agusta 1911 a Jamestown, jihar New York. Mahaifinta ya rasu da zazzaɓin taifod tana 'yar shekara uku. A 1926 ta shiga makarantar koyon wasan kwaikwayo ta John Murray Anderson a birnin New York, inda Bette Davis, wadda daga baya ta zama babbar tauraruwar fim, ke cikin ɗalibai, malamai kuma ba su ga wani abin a zo a gani tattare da ita ba. Ta koma tallan kayan sawa da tallan sigari, har a 1933 ta samu shiga cikin jerin 'yan matan da ake jerawa don ƙawata fim a kamfanin Samuel Goldwyn. Daga nan ta ɗan taɓa kamfanin fim na Columbia, sannan ta zauna a kamfanin RKO.

Sai an san yadda kwantiragin wancan lokaci yake kafin a gane abin da ya riƙe ta. Kamfani kan ɗauki 'yar wasa na shekara bakwai, amma alkawarin ɓangare ɗaya ya ɗaure. Duk bayan 'yan watanni, galibi shida, kamfani na da damar ya sabunta ko ya sallame ta; ita ba ta da damar tafiya. Albashi ake biya duk mako, ko fim ya ci riba ko ya faɗi. Kamfani ke zaɓar mata fim, ya canza mata suna ko launin gashi in ya ga dama, ya ba wani kamfani aronta ya karɓi kuɗin hayar. In ta ƙi wani fim, a dakatar da ita ba albashi, kuma a ƙara kwanakin dakatarwar a ƙarshen kwantiragin, ta yadda shekara bakwai kan iya zama tara. Wannan dabara ta ƙarshe ce 'yar wasa Olivia de Havilland ta kai kamfanin Warner Bros. ƙara a kanta, ta kuma yi nasara a kotun Kalifoniya a 1944. Abin da babu a tsarin gaba ɗaya shi ne mallaka: da zarar an gama ɗauka, 'yar wasa ba ta da ko sisi a duk abin da fim ɗin zai ƙara kawowa.

A RKO an yi ta sa Lucille Ball a ƙananan fina-finan da ake haɗawa da babban fim a tikiti ɗaya, masu ƙaramin kasafi, waɗanda ake gamawa cikin 'yan makonni. Har laƙabi aka yi mata da sarauniyar irin waɗannan fina-finai. Ta samu 'yan damarmaki masu kyau, kamar Stage Door a 1937 tare da Katharine Hepburn da Ginger Rogers, da The Big Street a 1942 tare da Henry Fonda. Da ta koma kamfanin MGM aka rina gashinta ja saboda fim mai launi, launin da ya bi ta har ƙarshen rayuwa. Matsalar ita ce masu kamfani sun ga doguwar mace kyakkyawa, sai suka yi ta ba ta matsayin 'yar gayu mai baƙar magana. Baiwarta kuwa tana a jiki da fuska: faɗuwa, zare ido, kokawa da kayan aiki. A tunanin lokacin, kyakkyawar mace ba ta shafa wa fuskarta laka. A MGM ɗin ne dai ta zauna da Buster Keaton, gwanin barkwancin zamanin fim marar magana, wanda tauraronsa ya riga ya dushe, ya koya mata yadda ake sarrafa kayan wasa: ka san nauyin abu, ka san yadda yake faɗuwa, ka maimaita har hannunka ya daina tunani.

Rediyo ce ta fito da ita. A 1948 CBS ta ba ta shirin My Favorite Husband, inda take fitowa a matar aure mai yawan ƙulla dabarun da ke kwaɓe mata. Ana ɗaukar shirin a gaban 'yan kallo, a nan aka gano cewa in akwai mutane a gabanta suna dariya, wasanta kan ninka. A nan kuma ta haɗu da marubuta ukun da suka gina mata halin da ta rayu a kansa: Jess Oppenheimer da Madelyn Pugh da Bob Carroll Jr.

Da CBS ta nemi mayar da shirin talabijin, sai ta kafa sharaɗi: mijinta na gaske, Desi Arnaz, mawaƙi ɗan asalin Kyuba da ta aura a 1940, shi zai fito a mijinta. Dalilinta na gida ne, don yawon kiɗa ya raba su, auren yana tangal-tangal. Manyan CBS suka ce Amurkawa ba za su yarda da wannan haɗi ba. Ma'auratan suka kafa kamfaninsu, Desilu, a 1950, suka shirya wasan dandali suka zagaya birane da shi, jama'a suka cika zaure. Hujjar ta ƙare.

Rikici na biyu shi ne ya haifar da komai. A lokacin, yawancin shirye-shirye kai tsaye ake watsa su daga New York. Garuruwan da wayar watsawa ba ta kai ba, sai a kafa kyamarar fim a gaban allon talabijin a ɗauki hoton abin da ke fitowa, a aika musu. Wannan kwafi dishi-dishi yake, baƙi ya cushe, fari ya wanke. Kamfanin sigari na Philip Morris, wanda ya ɗauki nauyin shirin, ya san yawancin masu talabijin suna gabashin ƙasar, don haka bai yarda a yi shirin a Los Angeles a aika wa gabas kwafi mai hazo ba. Ita kuma tana da ciki, ba ta son barin Kalifoniya. Mafitar da aka samu ita ce a ɗauki shirin a kan zaren fim mai faɗin milimita 35, irin na silima, kowa ya samu hoto garau. Wannan ya fi tsada sosai. Aka ce su rage albashi, suka yarda ya sauka daga dala 5,000 zuwa 4,000 a mako su biyun, da sharaɗin faifan shirin su zama mallakin Desilu. CBS ta sa hannu ba gardama, domin a 1951 kusan ba wanda ya ɗauka tsohon shirin talabijin yana da wata daraja bayan an nuna shi sau ɗaya.

Ɗaukar fim a gaban 'yan kallo kuwa aiki ne mai sarƙaƙiya. A silima kyamara ɗaya ake amfani da ita: a ɗauki fage daga nesa, a tsaya, a gyara fitilu, a ɗauka daga kusa, a sake tsayawa. In aka yi haka a gaban mutane, a karo na uku ba wanda zai yi dariya. Don haka aka jera kyamara uku suna ɗauka lokaci guda, ta tsakiya tana kama fagen baki ɗaya, na gefe biyu suna kama fuskoki. Wasu sun gwada kyamarori da yawa kafin su, amma Desilu ne ya haɗa abu ukun, wato zaren silima da kyamara uku da 'yan kallo, ya mai da su tsarin da ake bi mako-mako. Babbar matsalar ita ce haske, domin hasken da ya dace da kyamarar dama yakan jefa inuwa a ta hagu. Aka ɗauko Karl Freund, tsohon mai ɗaukar hoto da ya yi suna tun a fina-finan Jamus na shekarun 1920, ya kuma ci kyautar Oscar a Amurka. Ya rataye fitilun duka a sama, ya baje hasken daidai ko'ina, ta yadda ɗan wasa zai je kowace kusurwa ba a taɓa fitila ba, ƙasa kuma ba wayoyin da za su tare tayoyin kyamara. An shafe bango da kayan ɗaki da launin toka-toka iri-iri, saboda a hoton baƙi da fari kada wani abu ya yi ƙyalli fiye da fuskar 'yan wasa. An daidaita daɓen ya yi sumul don kyamara ta gangara ba girgiza. Sai da aka gyara zauren ɗaukar fim ɗin ya cika sharuɗɗan hukumar kashe gobara kafin a zaunar da mutum kusan 300 a ciki. Kowace kyamara kuma zarenta ba ya wuce kamar minti goma, dole a tsara fage-fage yadda canjin zare zai faɗo daidai lokacin canza kaya. Mai tace hoton, Dann Cahn, da wata na'ura ta musamman yake aiki, mai nuna masa zare ukun a jere yana zaɓa.

Wannan tsari yana da tsanani ga 'yar wasa. Ana bin labarin daga farko zuwa ƙarshe kamar wasan dandali, ba a cika maimaita fage ba. Kowane taku yana da alama a ƙasa. In ta kauce da taku ɗaya, ta fita daga idon kyamarar da ke kan fuskarta. Sannan akwai lissafin dariya: in ta yi magana mutane ba su gama dariya ba, maganar ta nutse, in ta jira har dariyar ta mutu, fagen ya yi sanyi. A wani kashi na 1957 da ta ɓoye ƙwai a cikin rigarta suka fashe ana rawa, dariyar ta kai daƙiƙa 65, kuma dole ta cika wannan tsawon lokaci da fuska kawai.

Mutane da yawa sun ɗauka tana ƙirƙirar abin dariyar nan take ne. Akasin haka ne. Marubutan kan rubuta kowane motsi dalla-dalla a takarda, Madelyn Pugh ma takan gwada abin da jikinta tukuna don a tabbatar mace za ta iya yinsa ba ta ji ciwo ba. Ita kuma Lucille ta kwashe kwanakin bita tana maimaitawa da ainihin kayan da za a yi wasan da su. Fagen nan da ya fi shahara, na 1952, inda ita da abokiyar wasanta Vivian Vance ke naɗe cakulan a kan bel mai gudu har suka koma cusawa a baki da hula, lissafi ne tsantsa: gudun bel, yawan cakulan, lokacin da hannu zai fara gazawa. In bel ya yi sauri tun farko, babu hawa-hawa; in ya yi jinkiri, 'yan kallo sun riga sun hango ƙarshen.

A 1952 ta sake samun ciki, kuma a wancan zamani hakan na iya kashe shiri. Aka yanke shawarar a sa cikin a labari. CBS ta hana furta kalmar ciki ƙarara, sai dai a sakaya, aka kuma riƙa ba malaman addini uku, biyu na Kirista ɗaya na Yahudawa, rubutun su duba. An ɗauki kashin haihuwar tun da wuri, aka nuna shi ranar 19 ga Janairu 1953, ranar da ita ma aka yi mata tiyata ta haifi ɗanta. Mutum kusan miliyan 44 suka kalla, sama da kashi 70 cikin 100 na gidajen da ke da talabijin, fiye da waɗanda suka kalli rantsar da Shugaba Eisenhower washegari. Abin da ya fi muhimmanci ga sana'ar ya faru ne a gefe: don a ba ta hutu, sai aka sake nuna wasu tsofaffin kashi, jama'a kuma suka zauna suka kalla kamar sababbi. Nan aka gane cewa abin da CBS ta bari a kan dala 1,000 a mako kadara ce da za a yi ta sayarwa.

A 1953 ɗin ce kuma ta tsallake rijiya da baya. Ana tsakiyar farautar 'yan gurguzu a Hollywood, sai aka tono cewa a 1936 ta yi rajistar zaɓe da sunan jam'iyyar kwaminis. Ta shaida wa mai binciken kwamitin majalisa cewa don ta faranta wa kakanta ta yi, aka wanke ta cikin 'yan kwanaki. Wasu da laifinsu bai fi nata ba sun rasa aiki na shekaru. Da wuya a ce farin jinin shirin da kuɗin da mai ɗaukar nauyi ya zuba ba su taimaka ba.

Shirin ya yi zango shida, kashi 180, ya zo na ɗaya a yawan masu kallo a zango huɗu, ya kuma tsaya a 1957 yana kan gaba. Desilu ya sayar wa CBS faifan a kan sama da dala miliyan 4, sannan a 1957 ya sayi filaye da zaurukan ɗaukar fim na RKO a kan kusan dala miliyan 6, wato wurin da ta taɓa zama 'yar albashin mako. Akwai masu ganin sayar da faifan kuskure ne, tunda CBS ta ci ribar da ta ninka wannan kuɗi sau da yawa cikin shekarun da suka biyo baya. Da gaskiyarsu ta wani ɓangare, amma da kuɗin ne kamfanin ya tashi daga mai shiri ɗaya ya zama mai ba wasu hayar zaure da kayan aiki. A kwatanta da abokan wasanta Vivian Vance da William Frawley, waɗanda rabin dariyar shirin tasu ce: su ma'aikata ne, ba su da hannun jari a faifan. Wannan tambaya ta wa zai ci moriyar maimaici ba ta mutu ba har yau. Tana cikin abin da ya jawo yajin aikin ƙungiyar 'yan wasan Amurka na 1960, ta kuma dawo a yajin kwana 118 na 2023, wannan karon a kan manhajojin kallo ta intanet.

Ya kamata a faɗi gaskiya a nan: a shekarun farko Desi Arnaz ne ƙwaƙwalwar kasuwancin, shi ya yi cinikin faifan da na RKO. Auren ya mutu a 1960. A 1962 ta sayi hannun jarinsa, ta zama mace ta farko da ta shugabanci babban kamfanin shirye-shirye a Hollywood, alhali tana fitowa duk mako a sabon shirinta, The Lucy Show. Ba ta taɓa ɓoye cewa kujerar ofis ba ta burge ta ba. Duk da haka darasin faifai ya zauna mata: daga 1963 aka riƙa ɗaukar shirin da launi, ko da yake CBS ta ci gaba da nuna shi baƙi da fari har 1965, saboda an san mai saye na gobe launi zai nema.

Hukuncinta mafi nauyi shi ne amincewa da Star Trek da Mission: Impossible, waɗanda duka suka fara a 1966. Yadda kasuwar take, gidan talabijin ba ya biyan cikakken kuɗin shirya kowane kashi. Yakan biya kuɗin izinin nunawa, wanda bai kai abin da aka kashe ba, kamfanin da ya shirya ya cike giɓin daga aljihunsa, da fatan in kashi sun taru da yawa, a al'ada kusan 100, zai sayar wa ƙananan tashoshi ya fanshe. Shiri mai tsada guda biyu a lokaci ɗaya na nufin asara duk mako ga kamfanin da ba shi da zurfin aljihu. Masu ba ta shawara sun ja kunnenta, ta ce a ci gaba, har da shirya kashin gwaji na biyu na Star Trek bayan gidan talabijin na NBC ya ƙi na farko. Lissafin masu shawarar da nata duka sun yi daidai: shirye-shiryen sun zama ma'adinai, amma Desilu bai iya jira ba. A 1967 ta sayar da kamfanin ga Gulf and Western a kan dala miliyan 17, aka haɗe shi da kamfanin fim na Paramount, wanda shi ya kwashi ribar.

Halin da ya yi mata arziki shi ne kuma ya tsare ta. Ta ci gaba da fitowa a halin Lucy ɗin nan dai na I Love Lucy, da sunan iyali daban, a Here's Lucy daga 1968 zuwa 1974, wannan karon ƙarƙashin sabon kamfaninta, tare da 'ya'yanta biyu. Ta ci Emmy, babbar kyautar talabijin ta Amurka, sau huɗu a gasa, duka a wannan hali. Da ta gwada fim ɗin waƙa na Mame a 1974, masu sharhi suka yi mata ca a kan muryarta da kuma yadda aka dusashe hoton don ɓoye shekarunta. Barkwancin jiki yana da wa'adi da sauran nau'o'in wasa ba su da shi. Mace 'yar shekara 40 ta faɗo daga tsani, a yi dariya. 'Yar shekara 75 ta hau tsanin, mai kallo ya riƙe numfashi yana tsoron ƙashinta. Abin da ya samu Life with Lucy ke nan a 1986. Tashar ABC ta ba ta cikakken iko ba tare da neman kashin gwaji ba, ta dawo da tsofaffin marubutanta da tsohon salo, a zamanin da barkwancin talabijin ya riga ya sauya. An shirya kashi 13, aka nuna 8 aka dakatar. Desi Arnaz ya rasu a Disambar shekarar. Fitowarta ta ƙarshe a bainar jama'a ita ce a bikin Oscar na Maris 1989 tare da ɗan wasan barkwanci Bob Hope, ta kuma rasu a Los Angeles ranar 26 ga Afrilu 1989 tana da shekara 77, sakamakon fashewar babbar jijiyar jini.